Ranar da Na Ɗauki Kare a Amalanken Nama

Ni ɗan mahauta ne, jikan mahauta. Kakanmu ya baro ƙasar Kano da wuƙarsa da dutsen wasa, ya sauka Yawunde, ya kafa gida a Briqueterie, wadda muke ce wa Brik, tun unguwar ba ta cushe haka ba. Kilishi muke yi. Da Baba ya rasu, ni da Yayana muka gaji tsakar gida, da gadajen shanya, da wani amalanken ƙarfe mai koren fenti da ake ɗauko mana nama da shi daga mayanka kullum da hantsi. Yaya ke sayen nama, shi ke magana da masu saye. Ni kuwa wuƙa ce tawa, ina fere nama har ya yi sirantar da za ka hango yatsanka ta cikinsa. A garin da kowa ke yi wa naman bakin titi kallon zargi, mu ba a taɓa tambayarmu naman mene ne ba, kuma da wannan muke ci.

Ni na kawo karen gidan. Ranar Yawunde rowa gare ta, in ta fito dole nama ya sha ta, ba a ɗauke shi don wani ya tafi masallaci ko kasuwa. To, kyanwoyi da hankaki da ɓerayen kwata sun ishe mu. Wani kafinta daga unguwar Madagaska da ya zo gyara mana rufi ya ce karyarsa ta haihu, na bi shi na zaɓo ɗan kwikwiyo ja mai karyayyen kunne. Baba yana da rai a lokacin. Ya daɗe yana kallonsa, sannan ya ce, "Ba ɗaki, ba kusa da buta, ba kusa da gadon nama. In ya saɓa, kai da shi za ku fita."

Bai saɓa ba. Sau ɗaya tak na tsula masa tsumagiya yana ƙarami, da ya miƙa hanci wajen wani yankin nama da ya faɗo, shi ke nan. Shekara goma sha uku yana kwance gindin mangwaron bayan gida, fuskarsa na kallon gadaje, yawu na ɗiga daga bakinsa, bai ƙara taɓa abin da ba a jefa masa ba. Wa ya taɓa ganin kare na gadin nama? Mu mun gani. Jijiya da tantani da ƙashi su ne ladansa, ni ke kai masa da hannuna. Ba mu raɗa masa suna ba, don a unguwarmu sai a ce ka yi sabon addini. Fito nake yi masa, ya taso. Yaya bai taɓa shafa kansa ba, amma in baƙi suka zo sayen kilishin tsaraba, shi ne mai bugun ƙirji cewa a gidanmu ko kyanwa ba ta isa ta leƙo katanga ba.

Tsufa ya zo masa ta ƙafafun baya. Da farko jan su yake yi, daga baya ya daina tashi. Sai wani ƙullutu ya fito masa a cinya, ya kumbura, ya fashe a tsakiyar damina. Na wanke da ruwan gishiri, na sa maganin da muke sa wa raguna, na ɗaure da tsumma. Kwana biyu na kwance tsumman na tarar da tsutsa. Ni da na saba da jini tun ina goye, sai da na kau da kai. Ya daina cin abinci. Ya koma wani siririn kuka da ba ya tsayawa, ba haushi ba, kuka irin na abin da ya gaji. In ina firar nama sai hannuna ya riƙa kuskure, na ɓata nama fiye da yadda na ɓata ina koyo.

A gidan mahauta ba a barin dabba ta mutu da kanta. In rago ya faɗi, kafin ka ce me an kawo wuƙa, don kada ya zama mushe, kuma don kada ya daɗe yana shure-shure. Wannan muka tashi muka gani. Amma wa zai ɗora wuƙarsa a wuyan kare? Wuƙar ta tashi daga aiki, mai ita ma haka. Na samu Yaya yana zaune kan benci yana duba waya, na ce masa akwai likitar dabbobi a wajen unguwar Messa, an ce tana yin allurar da dabba za ta yi barci ta wuce ba tare da wahala ba, kuma in an kira ta tana zuwa gida.

"Gidan wa?" in ji shi.

"Gidan nan, Yaya."

"A kashe kare a inda nake shanya nama? Kanka ɗaya kuwa?"

"To in kai shi can."

"Ka fita da kare kwance daga gidan masu kilishi, da rana tsaka, a Brik? Ka san bakin mutanen nan. Kafin ka kai bakin titi an ce abin da muke sayarwa ke nan."

Ya ce shi ya riga ya samo mafita. Akwai wani mutum da ke bi lungu-lungu da buhu daga wajen unguwar Nkomkana yana karɓar karnuka, zai zo ta ƙofar baya, ba wanda zai gani. Na san mutumin, kuma na san inda karnukan ke ƙarewa. Ni ban ga laifin kowa a kan abin da yake ci ba, kowa da tukunyarsa. Amma na taɓa gani da idona yadda ake gamawa da su, a cikin buhun ake rufe su da kulki. Na ce wa Yaya, "Wanda ya yi shekara goma sha uku yana kallon namanka bai ci ba, shi za ka sa a buhu a ci?" Ya ce kare dai kare ne. Na ce wallahi mai buhun nan ya tako gidan nan sai na karya masa ƙafa. Ban taɓa ɗaga wa Yaya murya ba sai ranar, matan gida duk suka leƙo.

To amma ban yi komai ba. Na tsaya neman izini. Na bi Yaya da lallami kwana uku, ina kawo masa shayi kamar sabuwar amarya. Na sa matata ta yi wa matarsa magana. Na je wajen wani kawunmu da ke sayar da yadi a kasuwar Mokolo, ya saurare ni har ƙarshe, ya ce, "Duk wannan a kan kare?" Daga nan na tare limamin masallacin layinmu bayan La'asar, na jira jama'a suka watse, na durƙusa na ce, "Allah gafarta Malam, dabbar da ciwonta ba ya warkewa, tana shan azaba, ya halatta a hutar da ita?" Ya tambaye ni wace dabba. Da na faɗa, ya waiga hagu da dama. Ya ce malamai sun yi magana, kuma a fahimtarsa in babu fatan warkewa babu laifi, tausayin dabba ba ya ware kare. Na ji daɗi har na fara godiya. Sai ya riƙe mini hannun riga ya ce, "Amma kada ka ce ni na aike ka."

Kwana takwas ina wannan yawo. A na tara, da safe, na kai masa ruwa, ya ɗago kai zai sha, kan ya koma ya bugi ƙasa. Ya sake gwadawa, ya sake bugawa. Wutsiyarsa kaɗai ta motsa da ya gan ni. A nan raina ya ɓaci, kuma ba da Yaya ba, da kaina. Na ce yau ko sama za ta faɗo sai na kai shi.

Na naɗe shi a tsohon bargo na fita bakin titi. Taksi shida na tsayar. Direba zai rage gudu, in faɗi Messa, ya hango kan kare, ya taka mota ya wuce. Na bakwai ya tsaya, wata mata a baya ta toshe hanci ta fara masifa da Faransanci, ya ba ni haƙuri ya wuce. Masu babur na unguwa yaranmu ne, duk suka sunkuyar da kai suna latsa waya. Karen nan yana da nauyi, kowane motsi kuma ƙara yake yi. Na koma gida da shi. Amalanken nama na jingine a zaure, an sauke naman safe, an wanke shi, yana bushewa. Yaya ya tafi Mokolo sayen kayan yaji. Ban yi dogon tunani ba, na shimfiɗa kwali na kwantar da shi a ciki. Da na ga ƙudaje sun yanyame ciwon, hannuna da kansa ya kai kan igiya ya zaro farin mayafin da muke rufe nama da shi, na lulluɓe shi, na soke gefe-gefe yadda nake yi kullum. Na rantse ban lura da abin da na yi ba sai da na yi nisa.

Na tura shi ta gaban teloli, ta gaban masu tsire da ke haɗa wuta, ta gaban masu shayi. Ana ta yi mini sannu da aiki, don kowa ya ɗauka nama zan kai. Hawan tudun Messa ya kusa kashe ni. Ina turawa ina yi masa fito a hankali don ya san ina nan.

Likitar mace ce, 'yar kudu, ba ta jin Hausa. "Alaji" take ce mini, kamar yadda suke ce wa duk mai doguwar riga, ni da ko filin jirgi ban taɓa shiga ba. Ta ɗaga mayafin, ta duba ciwon, ta danna cikinsa, ta saurari ƙirjinsa. Ta ce abin ya bazu, ko an yanke ƙafar ba zai tashi ba. Sannan ta dube ni ta ce, "Me ya sa sai yanzu?" Faransancina na firamare da na kasuwa bai isa in ba ta labarin kawu da liman ba. Na ce mata laifina ne.

Ta bayyana mini allura biyu ce, ta farko ta sa shi barci, ta biyu ta tsayar da zuciya. Muka ɗora shi kan teburin ƙarfe. Sai ta ɗauko kwalba da sirinji, ta tsaya daidai gaban idonsa tana zuƙa, tana ɗan ƙwanƙwasa sirinjin da farce. Ban san lokacin da na ce, "A'a, Madam!" ba. Ta tsorata. Na ce ta juya baya ta yi wannan. Ta ce ai kare bai san mece ce allura ba. Na ce ni ma ban tabbata rago ya san mece ce wuƙa ba, amma a gidanmu ba a wasa wuƙa a gaban abin da za a yanka. A kusurwar ɗakin kuma akwai wani ɗan farin kare mai gashi a keji, na wani mai hali ne da aka kawo wa magani, ya zuba mana ido. Na ce shi ma a fitar da shi, ba a yanka wata dabba wata na kallo. Na nemi ruwa, don ba a kwantar da dabba da ƙishirwa. Ta tsaya tana kallona, na ɗauka za ta kore ni. Sai ta ajiye sirinjin a aljihu, ta ɗauki kejin da kanta ta kai waje, ta dawo da ruwa a ƙaramin kwano.

Bai iya sha ba. Na tsoma yatsuna ina ɗiga masa a harshe, ya lasa sau uku ko huɗu. Shekara goma sha uku ina kiyaye yawunsa saboda alwala, ranar har gwiwar hannu ya jiƙa ni, ko a jikina. Na juya shi kan gefensa na hagu. Na tambayi likita ina gabas, ta nuna taga, na gyara teburin kaɗan. Na san ba yanka ba ne, na san ba ci za a yi ba, ba sai wani ya tuna mini ba. Haka hannuna ya iya raba dabba da ranta, ban iya wata hanya ba. Ta yi allurar farko a bayansa, inda ba ya gani. Kukan nan da ya yi kwana tara a kunnena ya yi ƙasa, ya yi ƙasa, ya tsaya. Jikinsa ya saki. Ta aske gashin hannunsa ta nemo jijiya. Na rufe masa ido da tafina, na yi bismillah a bayyane. Wanda ya ga na yi kuskure ya bar ni da Ubangijina. Kafin in gama shafa karyayyen kunnen ta ce ya tafi. Na yi kuka a gaban matar nan, ni da furfura a gemu, kuma ban ji kunya ba.

Ta ce zan iya barin gawar, mai kwasar shara zai ɗauka. Amma ta gargaɗe ni cewa maganin da ke jikinsa guba ne, duk abin da ya ci naman zai iya mutuwa, in zan binne in yi rami mai zurfi. Na tuna bola, na tuna masu tona bola. Na ce a'a, da shi zan koma. Ba ni da gona, ba ni da fili a bayan gari. Ƙasar da na mallaka a duniya ita ce rabona na tsakar gidan ubana.

Na shigo unguwa ana fitowa daga sallar Azahar, layi cike da mutane. Kwatar da ke bakin layinmu ta karye tun bara, kullum sai na ɗaga tayar amalanke a wurin. Ranar na gaji, tayar ta faɗa, amalanken ya karkata, ƙafar kare da wutsiya suka zamo daga ƙarƙashin farin mayafin nama. Wani tela ya ce, "Innalillahi!" Kowa ya juyo. Ga koren amalanken da kowa ya sani, ga mayafin da kowa ya sani, ga ni ina tura mushen kare zuwa cikin gidan kilishi. Da fita nake yi da shi ma da sauƙi.

Na ga wayoyi sun fara ɗagowa. Zan iya mayar da ƙafar in ruga ciki in rufe ƙofa. Sai na yaye mayafin gaba ɗaya na yar a ƙasa. Na ce, "Ku kalla da kyau, ku ɗauka da kyau! Karen gidanmu ne, duk kun san shi. Shi ya tsare naman da kuka kai wa surukanku tsaraba. Allura na kai aka yi masa, yanzu binne shi zan yi. Ƙofa a buɗe take, mai son gani ya shigo." Na tura amalanken ciki, na sa dutse na tokare ƙyaure.

Yaya ya dawo ya tarar da ni cikin rami zuwa gwiwa a gindin mangwaro, zaure cike da 'yan kallo. Bai yi ihu ba, na fi son ya yi. Ya zo bakin ramin ya ce a hankali, "Ka kashe mu." Na ce, "Yaya, da mai buhu aka gani yana fita ta ƙofar baya fa?" Ya ce, "Da ba a gani ba." Ya ce in na sa karen nan a ƙasar gidan nan, shi ya gama shanya nama a cikinta har abada, in zaɓa. Na dube shi, ɗan'uwana ne uwa ɗaya uba ɗaya, shi ya koya mini riƙe wuƙa da Baba ya gaji da ni. Na tofa yawu a tafi na ci gaba da haƙa. Jar ƙasar Yawunde in ta sha ruwa nauyi gare ta, sai da La'asar ta yi kafin ramin ya kai ƙirjina. Ina ciki ina jin ana fitar da gadajen shanya ɗaya bayan ɗaya.

Hoton ya zaga wayoyi kafin magariba, ba tare da abin da na faɗa ba, ƙafa da wutsiya da mayafi kawai. Yaya ya kama wani fili a Messa, ya sa an sanar a masallaci cewa shi ba ruwansa da ni a sana'a. Ban ga laifinsa ba, yana da 'ya'ya tara. Muna gaisawa, muna haɗuwa a suna da jana'iza, amma bai ƙara cin abin da wuƙata ta taɓa ba. Na gwada yin nawa kilishin ni kaɗai da gado biyu. Wata hajiya da ta yi shekara ashirin tana saye a hannuna ta hango ni ta tsallaka titi. Wata huɗu na rufe. Yanzu firar nama nake yi wa wani Bafulatani mai tsire a Mokolo, a bayan rumfa inda masu saye ba sa ganin fuskata, kuma shi ya ce in zauna a can.

Har yau akwai masu zama kusa da ni a wurin ɗaurin aure, su yi ƙasa da murya su ce, "Yanzu dai tsakani da Allah, ba ka yi nadama ba?" Suna so in ce amalanken, ko mayafin, ko ramin. In ce musu na yi nadama, sai su gyara zama. Kwana takwas ɗin nan da na yi ina bin manya ina roƙon izini, ni ina shan shayi a gidan kawu, shi yana gindin mangwaro tsutsa na cin sa da rai. Wannan nake nadama, da tun ranar farko na ɗauke shi.